Kotu Ta Ce A Maida Ni Aiki, Kamfani Na Kiran Yayana Mamaci

Zuwa ga:
Mai Girma Shugaban Kwamitin Tantancewa da Maida Ma'aikata,
Kamfanin Casar Shinkafa na Tungar Mashaya,
Hanyar Wurno zuwa Goronyo,
Jihar Sakkwato.

Daga:
Ɗahiru Mu'azu Kwargaba,
Mai kula da wuta, Sashen Tukunyar Tururi,
Gidan marigayi Malam Mu'azu, Kwargaba,
Ƙaramar Hukumar Wurno.

Kwanan wata: Litinin, 28 ga Afrilu, 2025.

GAME DA: Ƙorafi kan cire sunana daga jerin ma'aikatan da kotu ta ce a maida bakin aiki, da kuma halin da Manajan Ma'aikata, Alhaji Musaddiƙ, da Sakataren kwamitinka, Malam Bilyaminu, sunka jefa ni da iyalina.

Ranka shi daɗe,

Bayan sallama irin ta addinin Musulunci, da gaisuwar ban girma gwargwadon kujerar da kotu ta ɗora ka a kai, ina mai gabatar da wanga ƙorafi a gabanka. Wagga ita ce takardata ta ukku. Ta farko na kai ofishinka ranar Litinin, 17 ga Maris, 2025, ta biyu ranar Laraba, 2 ga Afrilu. Duka biyun Malam Bilyaminu ya karɓa, ya buga masu hatimi a gabana, kuma har yau ko layi guda na amsa ban gani ba. Ko dai ba su iso gare ka ba, ko kuwa sun iso ka karanta ka aje. Ban san wanne ya fi muni ba. Saboda haka wagga ban bi da ita ta hannun Sakatare ba, kuma da hannuna na rubuta ta, da Hausa, don kada gobe a ce lauya ne ya sa mani magana a baki.

Zan maimaita abin da ka riga ka sani, domin na aika kwafinta wasu wurare, kuma ina son duk wanda ta faɗa hannunshi shi gane. Ranar Litinin, 8 ga Yuli, 2024, mu ma'aikatan wanga kamfani munka shiga yajin aiki, saboda aikin awa goma sha biyu babu ranar hutu, da kuma lalacewar tukunyar tururi, wadda muke kira boila, da anka ƙi gyarawa. Ranar 22 ga watan, kamfani ya kori mutum sittin da ukku. Akwai masu zafin kai cikinmu da sunka ce a tare hanyar Goronyo, a hana ko buhu ɗaya na shanshera shiga ƙofa. Shugaban ƙungiyarmu, Malam Gajere, ya ce kotu za mu, kuma ina cikin waɗanda sunka bi mutane gida gida suna ba su haƙuri. Ba mu ƙona taya ba, ba mu fasa ƙofa ba. Wata bakwai muna hawa da sauka tsakanin Wurno da Kotun Ma'aikata a Sakkwato, har ranar Talata, 18 ga Fabrairu, 2025, kotu ta tabbatar da sulhu: a gyara boila, a ba da ranar hutu, a maida duk wanda ke bakin aikin kamfani ranar 7 ga Yuli, 2024, jajibirin yajin aiki. Anka kafa kwamitinka shi tantance mu, shi miƙa wa kotu jerin sunaye na ƙarshe ranar Talata, 6 ga Mayu, 2025. Yau saura kwana takwas. Mutum sittin da biyu sun koma aiki. Ni kaɗai anka bari a waje, kuma in an miƙa jerin babu sunana, aikin ya tafi ke nan.

Ga ƙorafina ɗaya bayan ɗaya.

1. Dalilin da anka ba ni shi ne wai ban taɓa zama ma'aikacin kamfani ba, wai mai kati lamba 118 sunanshi Mode Mu'azu. Ban musa ba, sunan da ke kan katin ke nan. Mode yayana ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Ya fara aikin boila a 2006, shekarar da anka buɗe kamfani. Ya rasu ranar Lahadi, 9 ga Oktoba, 2011, bayan jinyar kwana tara, munka rufe shi a maƙabartar Kwargaba bayan La'asar. Ya bar mata da ɗiya huɗu, da mahaifiyarmu, Inna Hawwa. Ranar sadakar ukku, Alhaji Musaddiƙ da kanshi ya zo ta'aziyya. Ya zauna bisa tabarmar zaurenmu, ya ɗaga hannu ya yi wa Mode addu'a a gaban limami da mai unguwa, sannan ya ja ni gindin dogon yaron ƙofar gida. Ya ce masu kamfani sun hana ɗaukar sababbin ma'aikata, amma in na yarda in riƙe katin Mode, to in fito ranar Litinin, don kada gidan shi rasa abin dogaro.

Riƙon kati ba ni na ƙirƙiro shi ba, ranka shi daɗe. Na tarar ana yi. In ma'aikaci ya rasu, ko ƙarfinshi ya ƙare, sai ɗanshi ko ƙanenshi shi ɗauki katin, shi amsa sunan wurin kira da safe, shi dangwala yatsa a rajista. Kamfani ba shi buɗe sabon fayil, Manaja kuma ba shi neman izinin kowa daga sama. Mu a wurinmu rufin asiri ne, kuma haka na ɗauke shi. Na durƙusa na yi wa Alhaji Musaddiƙ godiya. Wagga godiyar ita ce abin da na fi jin kunyarshi yau.

Na fara aiki ranar Litinin, 17 ga Oktoba, 2011. Sharaɗi guda na ɗora wa kaina, cewa sunan ba zai shiga gidanmu ba. Kullum in an tashi, a ɗakin mai gadin ƙofa nake barin katin, da safe in ɗauka. Inna ta san ina aikin da Mode ya bari, amma ba ta taɓa sanin da sunanshi ake kira na ba. Sau biyu anka buɗe ɗaukar ma'aikata, a 2015 da 2020, kuma sau biyun na je na roƙi Manaja a gyara sunan. Ya ce in an taɓa fayil ɗin zan koma sabon shiga, shekaruna su zube, in bari dai tukuna. Na bari. Wanga shi ne laifina, kuma ban ɓoye shi ba.

2. Kamfanin da yau ke cewa bai san ni ba, ga abin da ya yi da hannunshi. A 2017 anka kawo kati mai hoto. A ofishin Manajan Ma'aikata anka zaunar da ni bisa kujera, anka ɗauke ni, anka manna fuskata a saman sunan Mode, Alhaji Musaddiƙ ya sa hannu a bayan katin. Ranar Alhamis, 14 ga Maris, 2019, bututun tururi ya fashe ina cikin zuba ɓuntu a wuta, ya dafa mani hannun hagu daga wuyan hannu har gwiwa. Kwana goma sha tara na yi a kwance, kuma takardar jinyar da kamfani ya rubuta ta ce Mode ne ya ƙone, mutumin da a lokacin ya shekara bakwai a ƙasa. Ranar Ma'aikata ta 2021 anka ba ni lambar gwarzon ma'aikaci na shekara. An ɗauki hoto ina karɓa daga hannun Alhaji Musaddiƙ, shina murmushi, hannunshi ɗaya bisa kafaɗata. Hoton ya shekara ukku da wani abu a rataye a bangon ofishinshi, bayan kujerarshi. Ranar tantancewa na duba babu shi. Amma wanda ya sauke shi ya manta da ƙusar, kuma fentin wurin ya fi na sauran bangon haske, duk mai ido zai iya zuwa shi gani.

3. Ina roƙon ka karanta wanga sashe da kyau, domin nan ne lamarina ya rabu da na sauran. Ranar Alhamis, 12 ga Satumba, 2024, munka je Sakkwato yin takardar rantsuwa, kowane mai ƙara da tashi. A cikin mota 'yan'uwa sunka ba ni shawara in sa sunan da ke kan kati a wuce wurin, kuma Allah shi ne shaida, da wagga niyyar na isa ƙofar ofis. To amma sai anka ce in je in yi alwala, na dawo anka ɗora mani Alƙur'ani a hannu, anka tambaye ni sunana. Ranka shi daɗe, ni na zuba wa Mode ruwa ranar da anka wanke shi. Ni na shiga kabarin na karɓe shi na kwantar. In riƙe littafin Allah in ce ni ne shi? Wallahi bakina ya ƙi. Amsa suna wurin kira da safe daban, rantsuwa daban. Na ce sunana Ɗahiru Mu'azu, mai riƙe da kati lamba 118, kuma haka jami'in rantsuwa ya rubuta, kalma da kalma.

Da wanga suna na shiga jerin masu ƙara, a lamba ta 41. Jerin nan shi anka liƙa a bayan takardar sulhu, kuma lauyan kamfani ya sa hannu a kowane shafi nashi, har da shafin da nake ciki. Wata biyar takardata na gaban kamfani kafin sulhu, ba wanda ya ɗaga yatsa ya ce wanga ba namu ba ne. Kuma kotu ba ta ce a maida kati ba. Cewa ta yi a maida duk wanda ke bakin aiki ranar 7 ga Yuli. To wa ke gaban wuta a ran nan, daga ƙarfe shida na safe zuwa shida na yamma? A tambayi mutum goma sha ɗaya da munka yi aikin tare.

4. Ranar Laraba, 12 ga Maris, 2025, cikin watan azumi, anka yi tantancewa a ofishin Manajan Ma'aikata. Ba ka nan. An ce ka tafi Umra, Allah shi karɓa. Amma kujerar da ka bari ba ta zauna babu kowa ba. Alhaji Musaddiƙ ne ya hau ta, shi da a takardar kotu wakilin kamfani ne kawai, mai murya ɗaya cikin ukku. Tun ƙarfe tara muke tsaye a rana da bakin azumi, sai bayan Azahar anka iso kaina. Malam Bilyaminu ya kira Mode Mu'azu sau ukku. Na shiga na ce ni ne Ɗahiru, mai riƙe da katin, kamar yadda ke rubuce a lamba ta 41. Alhaji Musaddiƙ ya dube ni tun daga hula har takalmi, ya juya ya tambayi Sakatare ko wane ne wanga mutum, domin shi bai san shi ba. Waɗanda ke bakin taga sunka yi dariya, sun ɗauka raha ce. Ni ma da farko na yi murmushi, ka ji wautata. Shekara goma sha biyu da wata tara mutumin ga shina wuce ni kullum da safe, shina tambayata lafiyar Inna, ya ci naman sunan ɗiyana biyu, amma ran nan bai san ni ba. Haba!

Wakilin ƙungiya ya tashi ya ce bai yarda ba, ya nemi a rubuta rashin yardarshi. Ba a rubuta ba. Malam Bilyaminu ya rubuta a gaban lamba 118 cewa mai katin bai zo ba, ya rubuta a gaban lamba 41 cewa ba ma'aikaci ba ne. Mutum guda anka raba biyu, anka jefar da kowane rabi da dalilinshi. Na fito da katin mai hotona na aza bisa tebur. Sakatare ya ɗauka ya ce za a bincika, ya sa a aljihun rigarshi, ba a fayil ba, kuma bai ba ni shaidar karɓa ba. Yau kwana arba'in da bakwai ban sake ganin katin ba. Allah ya sa tun watan Satumba lauyanmu ya ɗauki kwafinshi gaba da baya.

5. Bayan haka sau biyu anka zo mani da ciniki. Ranar Talata, 25 ga Maris, Malam Bilyaminu ya kira ni ofis, ya tura ƙofa, ya ce in na rubuto mashi sunayen sauran masu riƙon kati da ke cikin sittin da biyun nan, za a duba lamarina da idon rahama. Ina sanar da kai a rubuce abin da na sanar da shi da baki: ban san kowa ba, kuma ko na sani ba zan faɗa ba. Wanda ke son wanga lissafi shi tambayi Manajan da ya riƙa bin gidajen makoki shina rabon kati. Ba zan koma aiki ta bisa wuyan wani ba.

Ranar Juma'a, 4 ga Afrilu, Alhaji Musaddiƙ ya tsayar da motarshi a bakin kasuwar Wurno bayan an sauko masallaci, ya sauke gilashi ya kira ni da sunana, Ɗahiru. Ashe ya tuna ni. Ya ce ƙofa a buɗe take, in dawo in ci gaba da amsa Mode yadda na saba, da sharaɗin in rubuta takarda cewa rantsuwar da na yi a Sakkwato kuskure ce. In na ƙi kuwa, kamfani zai miƙa ni ga 'yan sanda bisa laifin sojan gona na shekara goma sha biyu. Na wuce abina, saboda na fito daga sallah kuma mutane na kallo. Amsata ga ta nan: shi miƙa ni. Zan tafi da ƙafata, kuma abu na farko da zan nuna masu shi ne sa hannun da ke bayan katin.

6. Mi ya sa ni kaɗai? Ba sai an yi dogon bincike ba. A duk zaman shari'ar ga, ma'aikacin boila guda ne ya shiga akwatin shaida, kuma ni ne. Ni na gaya wa kotu cewa bawul ɗin da ke sakin tururi in ya yi yawa an ɗaure shi da waya tun 2022, don kada aiki shi tsaya. Ni na naɗe hannun riga na nuna wa Mai Shari'a tabon hannuna. A zama na gaba lauyan kamfani ya nemi a yi sulhu. Wanga ne abin da ba a yafe mani ba. In na rubuta cewa rantsuwata kuskure ce, to shaidata ta zama ta maƙaryaci, kuma sharaɗin gyaran boila ya rasa ƙafar tsayawa. Ina kuma sanar da kai, tunda duba wanga sharaɗi ma cikin aikin kwamitinka yake, cewa har ranar Asabar da ta wuce wayar tana nan inda take. Waɗanda ke gaban tukunyar yau su sunka gaya mani, kuma suna da iyali kamar kowa.

Ranka shi daɗe, ni na bi mutane ina cewa kada a tare hanya, kotu ta fi. Yanzu in na wuce majalisar mai shayi a bakin ƙofar kamfani, waɗanda na hana su ne ke tambayata yaya kotu. Ban ga laifin kotu ba, ta yi nata, ta rubuta abin da kowa ya fahimta. A hannun kwamitinka ne takardar ta zo ta lalace. Gobe in wata rigima ta taso, a kamfanin ga ko a wani, daga Rabah har Goronyo, ban san da wane baki wani zai sake cewa a bi doka ba. Wanga abin ku za a tambaya, ba ni ba.

7. Na bar wanga a ƙarshe domin sau ukku ina fara rubuta shi ina aje biro. Ranar Alhamis, 10 ga Afrilu, 2025, da hantsi, ina fadama ina taya wani maƙwabci cirar albasa, tunda zaman banza ya ishe ni. Direban kamfani ya zo Kwargaba da takarda. Sabon ɗauka ne, bai san komai ba, kuma ban riƙe shi da laifi ba. Ya tsaya a ƙofar gidanmu ya yi sallama da ƙarfi, ya ce ana sallama da Mode Mu'azu. Sau ukku ya faɗa.

Inna ta haura shekara tamanin. Idonta ya yi rauni, kuma tun bara tunaninta shina zuwa shina tafiya. Matata Humaira tana bayan gida tana wanki, kafin ta fito Inna ta riga ta dafa bango ta iso zaure. Ta tambayi baƙon ko wa yake nema, ya sake faɗa mata. Ta ce shi karanta mata, ya karanta: ana umartar Mode Mu'azu, mai kati lamba 118, shi koma bakin aiki ranar Litinin, 14 ga Afrilu, da ƙarfe shida na safe, in ba haka ba a ɗauka ya gudu ya bar aiki da kanshi. A ƙasa akwai sa hannun Alhaji Musaddiƙ, mutumin da ya ɗaga hannu ya yi wa Mode addu'a a wanga zauren dai. Kusa da sa hannun akwai hatimin kwamitinka.

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Shekara goma sha ukku ina tsare sunan nan daga ƙofar gidanmu, cikin minti biyar kunka shigo mani da shi da mota.

Tun daga ran nan Inna ta ɗauka Mode shina raye. A wurinta, in da ya mutu da hukuma ba ta aiko mashi da takarda ba. Kullum in an sauke tuwo sai ta sa Humaira ta zuba nashi a kwanon da ya saba ci, a rufe da faifai a aje mata kusa da gado. In ta ji motsin babur sai ta tambaya ko an tashi daga kamfani. Shekaranjiya ta yi mani faɗa a gaban ɗiyana, wai ina zaune gida ƙato da ni, na bar yayana shi kaɗai shina wahala a gaban wuta, ko kunya ba ni ji. Na sunkuyar da kai na ce ta yi haƙuri. Yau kwana goma sha takwas ke nan ana rufe kwanon. Ba ni da wata kalma ta ofis da zan sa wa wanga abu, ranka shi daɗe. Zalunci ne, kuma ban yafe ba.

Saboda haka, cikin ladabi, ina neman waɗannan daga gare ka kafin ranar Talata, 6 ga Mayu, 2025:

(a) Ka zauna da kanka bisa kujerarka, ba wakili ba, ka sa a kawo rajistar shiga aiki tun daga 2010 har zuwa 7 ga Yuli, 2024. Kowace safiya akwai dangwalen yatsa a gaban lamba 118. A kawo tawada a ɗauki nawa a gabanka. Za ka ga yatsa guda har ƙarshen Satumban 2011, daga 17 ga Oktoba kuma za ka ga wani, kuma na biyun shina nan manne da hannuna. In an ce rajistar ma ta ɓace yadda hoto ya ɓace, a rubuta wanda ta ɓace a hannunshi.

(b) Ka umarci Malam Bilyaminu shi fito da katina daga aljihunshi, shi kuma yi bayani a rubuce kan wanda ya ba shi izinin buga hatimin kwamiti a takardar 10 ga Afrilu, da inda takarduna biyu sunka kwana.

(c) Ka hana Alhaji Musaddiƙ zama a kan lamarina, domin shi ake ƙara. In shina nan a kan cewa bai san ni ba, a sa shi alwala a ɗora mashi Alƙur'ani yadda anka ɗora mani, shi maimaita.

(d) Ka sa sunana, Ɗahiru Mu'azu, a jerin da za ka miƙa wa kotu, da shekaruna tun daga 17 ga Oktoba, 2011, a kuma rufe fayil ɗin Mode a rubuta rasuwa a kanshi, yadda ya kamata a yi tun tuni.

(e) Kada wata takarda mai sunan Mode ta sake zuwa ƙofar gidanmu a hannun direba ko masinja.

In ranar Juma'a, 2 ga Mayu, ta wuce ban ji daga gare ka ba, na riga na gaya wa Malam Gajere da lauyan ƙungiya su maida maganar gaban Mai Shari'a, da wagga takarda a sama. Ba barazana nake maka ba, hanyar da na sani ke nan, kuma ita na bi tun farko.

In kuwa bayan duk wanga kwamitinka ya tsaya a kan cewa Mode ne ma'aikacin, ni baƙo ne, to ina roƙon alfarma guda. Ka rubuta haka ka sa hannunka, ka ɗauko umarnin kotu ka kawo mashi da kanka. Zan jira ka a bakin hanyar Kwargaba, in kai ka maƙabarta, in nuna maka inda yake, na huɗu daga gindin aduwa ta gabas. In ka gama da shi sai mu biya gida, ka zauna a zaure, in fito maka da Inna, ka yi mata bayanin dalilin da ya sa ɗanta bai dawo ya ci tuwonshi ba. Ni na faɗa mata sau ɗaya, ranar 9 ga Oktoba, 2011. Ba zan iya faɗa mata karo na biyu ba.

Na haɗa da kwafin katin gaba da baya, da takardar rantsuwata, da shafin lamba 41 mai sa hannun lauyan kamfani, da takardar jinyar 2019, da takardar 10 ga Afrilu, da shaidar limami da mai unguwar Kwargaba kan rasuwar Mode.

Allah shi ba ka ikon yin adalci, shi kuma tambayi kowa abin da anka ba shi riƙo. Ka huta lafiya, tare da girmamawar da ta wajaba a kaina.

Ni ne mai ƙorafi,

Ɗahiru Mu'azu Kwargaba
Mai ƙara na 41.
Na sa hannu, na kuma dangwala babban yatsana na dama a ƙasa, don a fara gwadawa tun daga nan.

Kwafi zuwa ga:
Magatakardan Kotun Ma'aikata, Sakkwato.
Malam Gajere, Shugaban Ƙungiyar Ma'aikatan Kamfani.
Lauyan Ƙungiya.